Takardar Ƙabila a Indiya: Mai Hatimi Ya Tsira, Mai Takarda Ya Shiga Uku

Makon jiya ƙanena da ke karatun harhaɗa magunguna a jihar Maharashtra ta Indiya ya kira ni. Muna cikin hirar gida sai ya kawo labarin abokin ɗakinsa. Yaron ya rubuta jarabawar ƙarshe, ya ci, amma makaranta ta riƙe takardar sakamakonsa. Ba a binsa kuɗin makaranta, ba a kama shi da satar amsa ba. Matsalar ita ce ya shiga makarantar ta gurbin da aka ware wa 'yan ƙabilu, kuma kwamitin da zai tabbatar cewa lallai shi ɗan ƙabilar ne bai gama bincike ba. Shekara huɗu fayil ɗinsa na kan tebur.

Na tambayi ƙanen nawa, to me suke nema? Ya ce: "Yaya, takardar makarantar kakansa suke so, ta kafin 1950. Shi kuwa ya ce kakansa ko alli bai taɓa riƙewa ba."

Abin ya tsaya mini a rai. Ga matsayata tun kafin mu yi nisa. Kotunan Indiya sun yi daidai da suka ƙi yarda a riƙa cusa sababbin sunaye cikin jerin ƙabilun da ake ware wa gurabe ta hanyar shari'a. Amma zalunci ne hukuma ta ba mutum takarda da hatiminta, ta bar shi ya yi karatu, ya kama aiki, ya yi aure, ya tara iyali, sannan bayan shekara ashirin ta ce takardar ba ta da inganci, a kore shi kamar ɓarawo, alhali jami'in da ya sa hannu yana can yana cin fansho.

Me takardar ke buɗewa?

Kundin tsarin mulkin Indiya da ya fara aiki a 1950 ya ba shugaban ƙasa, a sashe na 342, ikon fitar da jerin ƙabilun da za a ba kulawa ta musamman, jiha-jiha. Da zarar an fitar, majalisar ƙasa kaɗai ke iya ƙara suna ko cire shi. Mafi yawan waɗannan ƙabilu su ne ake kira Adibasi, mutanen daji da duwatsu da aka bari a baya. Ƙidayar 2011 ta nuna sun kai kusan miliyan 104, wato kashi 8.6 cikin ɗari na mutanen ƙasar, a cikin al'ummomi fiye da 700.

An ware musu kashi 7.5 cikin ɗari na ayyukan gwamnatin tarayya da guraben manyan makarantunta, da kujeru 47 cikin 543 na majalisar wakilai. A wurare da dama doka ta hana wanda ba ɗan ƙabila ba sayen filinsu. Shugabar ƙasar da aka zaɓa a 2022, Droupadi Murmu, 'yar ƙabilar Santal ce.

A ƙasar da dubban ɗaruruwan matasa ke rububin gurbi 'yan kaɗan na karatun likita, takardar nan ta fi gona daraja. Duk abin da ya kai wannan daraja kuwa, sai an samu masu ƙirƙirar na jabu.

Masu cewa a kore su kawai

Hujjar da ta fi ƙarfi a kaina ita ce wannan, don haka bari in ba ta haƙƙinta. Duk gurbin da maƙaryaci ya cinye, wani yaro ne na ainihi a can cikin dajin gundumar Gadchiroli ko ta Nandurbar a Maharashtra aka hana. Shi wannan yaron ba shi da lauya, ba wanda zai rubuta labarinsa a jarida, bai ma san an cuce shi ba. Tausayin da muke ji wa wanda aka kora bayan shekara ashirin, shi muna ganinsa ne, ɗayan kuwa ba ma ganinsa.

Kuma ƙaryar ta yi yawa, musamman a Maharashtra. A 1976 majalisa ta cire sharaɗin da ya taƙaita wasu ƙabilu ga gundumomin da aka san su da zama. Niyyar mai kyau ce, don kada ɗan ƙabila ya rasa haƙƙinsa saboda ya koma birni. Amma sai ƙofa ta buɗe ga duk mai suna mai kama da nasu. Akwai ƙabilar Thakur ta kan duwatsu, akwai kuma Thakur sunan manyan gidaje masu filaye. Akwai Mahadeo Koli da ke cikin jerin, akwai Koli masunta da ba sa ciki. Ka ƙara kalma ɗaya a gaban sunanka, ka zama ɗan ƙabila.

Wannan ne ya kai ga shari'ar da aka fi sani da Madhuri Patil a 1994. 'Yan mata biyu 'yan gida ɗaya sun samu gurbin karatun lafiya a matsayin Mahadeo Koli, alhali rajistar makarantar mahaifinsu ta nuna Koli ne kawai. Kotun Ƙoli ta ƙi amincewa da iƙirarinsu, ta kuma shimfiɗa tsari: a kafa kwamitin tantancewa a kowace jiha, da sashen bincike mai 'yan sanda da zai je har ƙauyen mutum ya yi tambaya.

Duk na yarda da wannan. Wanda ya kankare rajista, ko ya sayi takarda da sani, a ƙwace aikin, a kai shi kotu. Ba ni da ja.

Inda na rabu da su shi ne a hukuncin Kotun Ƙoli na 2017, a shari'ar hukumar abinci ta ƙasar da wani ma'aikacinta, wanda mai shari'a D.Y. Chandrachud ya rubuta. Kotu ta ce da zarar an soke takarda, duk abin da aka samu da ita ya tafi, aiki ne ko digiri, komai daɗewar mutum a bakin aiki. Ta ƙara da cewa ba sai an tabbatar mutum ya yi niyyar yaudara ba kafin a ƙwace. Wato wanda ya yi jabu da wanda ya gaskata abin da iyayensa da hukuma suka gaya masa, kwando ɗaya aka zuba su.

Idan ɓera da sata

Daddawa ma da wari. Ka duba labarin Halba-Koshti. Jerin Maharashtra ya ambaci Halba. Masaƙan yankin Nagpur da ake kira Koshti suka ce su ma Halba ne, sana'ar saƙa ce ta canja musu suna. Shekara da shekaru ofisoshin gwamnati suna ba su takarda, Babbar Kotun Bombay, wato babbar kotun jihar, ma ta goya musu baya. Sai a watan Nuwamban 2000, a shari'ar Milind, alƙalai biyar na Kotun Ƙoli suka ce a'a: abin da aka rubuta a jerin shi za a karanta, ba kotu ko gwamnatin jiha da ke da ikon cewa wance ƙabila reshen wance ce.

Amma ita kanta kotun ta ga cewa mai ƙarar ya riga ya gama karatu ya zama likita, ta bar masa digirinsa. Bayan haka wasu alƙalan suka miƙa irin wannan sassauci ga ma'aikatan da suka daɗe. Sai 2017 ta zo ta ce wancan sassaucin kuskure ne.

To mutumin da ya kama aiki a 1985 da takardar da ofishin gundumarsa ya ba shi, a lokacin da babbar kotun jiharsa ke cewa mutanensa sun cancanta, wace ƙarya ya yi? Manyan alƙalai sun yi shekaru suna saɓani a kan tambayar, shi ɗan masaƙa ne zai san amsarta yana ɗan shekara ashirin da biyu?

Hukuncin 1994 ɗin nan da kowa ke ambato ya ce a nemi tantancewa wata shida kafin shiga makaranta ko kama aiki, kuma a gama binciken cikin wata biyu. Wata biyu! Abokin ƙanena yana shekara ta huɗu. Da an bi abin da kotu ta faɗa, da maƙaryaci bai taɓa zama kan kujerar ba, ɗan ƙabila na ainihi ya samu gurbinsa a kan kari, ba kuma wanda za a kora yana dab da ritaya. Tun ran gini tun ran zane. Korar mutum bayan shekara ashirin da biyar ba ta mayar wa yaron Gadchiroli gurbin da ya rasa, shi ma ya tsufa.

Jinkirin bai bar manya ba. Ajit Jogi, babban ministan farko na jihar Chhattisgarh, wato shugaban gwamnatin jihar, daga 2000 zuwa 2003, ya yi siyasarsa a matsayin ɗan ƙabilar Kanwar. An yi kusan shekara ashirin ana ja-in-ja a kan takardarsa tsakanin kwamitoci da kotuna. A 2019 wani babban kwamiti ya ce ba ɗan ƙabila ba ne, ya rasu a watan Mayun 2020. Idan na wanda ya mulki jiha ya ɗauki wannan lokaci, ina ga na ɗan talaka?

Jarabawar zama ɗan ƙabila

Wani zai ce jinkirin dole ne, domin binciken asali ba wasa ba ne. Gaskiya ne. Amma bari mu duba me ake bincika.

Hujjar da kotuna suka fi ɗauka da nauyi ita ce takardar da aka rubuta kafin 1950, domin a lokacin ba wanda ke da dalilin yin ƙaryar ƙabila. Hankali ya yarda da wannan. Sai dai a ƙidayar 1961, cikin kowane mutum ɗari na waɗannan ƙabilu, waɗanda suka iya karatu ba su kai tara ba. Wanda kakansa ya shiga makaranta a zamanin Turawan Ingila, ko yake da fili mai rajista, shi ne mai tsohuwar takarda. Wanda aka fi barinsa a baya, wanda domin shi aka yi dokar, shi ne ba shi da ko ƙyalle. Ana neman shaidar talauci da abin da sai mai hali ke da shi.

Idan ba takarda, sai a koma gwajin al'ada. 'Yan bincike su tambayi mutum abin bautar kakanninsa, yadda ake ɗaura aure a gidansu, yadda ake binne mamaci, bukukuwansu, sunayen danginsu. Ka ɗauki yaron da aka haifa a Pune, mahaifinsa direban bas, ya tashi yana jin Marathi da Ingilishi. Ka ce ya zayyano maka tsarin jana'izar ƙauyen da bai fi sau uku ya taka ba. Zai faɗi. Maƙaryacin da ya haddace amsoshi kuwa zai ci. Mu ma nan, a kama ɗan Bafulatanin da ya tashi a Sabon Gari a ce sai ya lissafo launukan shanu da Fulatanci kafin a yarda da asalinsa, mutum nawa za su tsallake?

Akwai wani abin da ya fi wannan ɗaci. Ma'aunin da kwamitin Lokur ya shimfiɗa a 1965 don gane ƙabila ya haɗa da halaye na mutanen farko, da keɓewa a wuri mai nisa, da jin nauyin cuɗanya da sauran jama'a. An yi dokar don a fitar da mutum daga wannan hali, sai kuma aka ce idan ya fita ya daina cancanta.

Alhamdu lillahi Kotun Ƙoli ta gane. A 2011, sannan a watan Maris na 2023 a shari'ar ƙungiyar 'yan ƙabilar Thakur, ta ce gwajin al'ada ba shi ne mai yanke hukunci ba, kuma ba a kowane fayil ake buƙatarsa ba. Saura kwamitocin su ji.

A kan aure da haihuwa ma kotu ta fi sassauci fiye da yadda ake zato. Macen da ta auri ɗan ƙabila ba ta samun gurbin ta dalilin aure. Amma a 2012, a wata shari'a daga Gujarat, kotu ta ce ɗan da uwarsa 'yar ƙabila ce ubansa kuwa ba haka ba, yana iya bin uwarsa idan a cikin mutanenta ya tashi ya sha irin wahalarsu. Addini kuma ba sharaɗi ba ne a nan. Gujjar da Bakarwal, makiyaya Musulmi na Jammu da Kashmir, sun shiga jerin tun 1991, yawancin ƙabilun Nagaland da Mizoram kuwa Kiristoci ne.

To me ya sa kotu ba za ta gyara jerin ba?

A nan ne zan ɓata wa masu tausayi rai, domin ina tare da kotu.

Labarin Gowari ya isa ya sa mutum hawaye. Makiyayan shanu ne na yankin Vidarbha a Maharashtra. A jerin an rubuta "Gond Gowari". Su suka ce waƙafi ne ya faɗi tsakanin kalmomin biyu, da an sa shi da an karanta Gond daban, Gowari daban, su ma sun shiga. Ranar 23 ga Nuwamba 1994 dubbansu suka yi tattaki zuwa zaman majalisar jiha a Nagpur. 'Yan sanda suka sa kulki, aka yi turmutsutsu, mutum 114 suka mutu, akasari mata da yara. A 2018 Babbar Kotun Bombay ta ba su gaskiya. A watan Disamban 2020 Kotun Ƙoli ta soke hukuncin, ta ce ba hurumin kotu ba ne.

Dhangar, makiyayan tumaki, nasu rikicin harafi ɗaya ne. Jerin ya ce Dhangad, su suka ce kuskuren rubutu ne, Dhangar ake nufi. Bahaushen da ya san tazarar da ke tsakanin daidai da ɗaiɗai ba zai raina wannan hujja ba. Amma a watan Fabrairun 2024 Babbar Kotun Bombay ta kori ƙarar.

Mutum zai ce wannan taurin kai ne, waƙafi ɗaya ya fi ran mutum 114? Amsar tana Manipur. A watan Maris na 2023 alƙali ɗaya na Babbar Kotun jihar ya umarci gwamnatin jiha ta duba batun tura shawarar sa Meitei cikin jerin. Meitei su ne mafi rinjaye, suna zaune a kwarin Imphal, su ke riƙe da siyasar jihar. Kuki da Naga na kan duwatsu suka ga cewa idan haka ta faru, guraben aikinsu da kariyar filayensu sun tafi. Ranar 3 ga Mayu suka fito zanga-zanga, rikici ya ɓarke. Sama da mutum 200 suka mutu, kusan 60,000 suka bar gidajensu. A watan Fabrairun 2024 kotun da kanta ta goge wannan sakin layi daga hukuncinta, ta dogara da shari'ar Milind. Ihu bayan hari.

Ba na cewa umarnin alƙalin shi kaɗai ya haddasa rikicin, akwai tsohuwar gaba a kan fili da mulki. Amma ashana ce aka kyasta kusa da fetur. Kason guda ne, duk wanda aka ƙara a kan kwano, lomar wani ce ta ragu. Alƙali yana sauraron wanda ya kawo ƙara ne, miliyoyin da hukuncin zai shafa ba sa cikin ɗakin. Shi ya sa aka shimfiɗa doguwar hanya: jiha ta ba da shawara, babban magatakardan ƙidaya ya duba, hukumar kula da ƙabilu ta ƙasa ta duba, sannan majalisa ta yi doka. Hanyar tana da jan ƙafa, 'yan siyasa kuma suna wasa da ita duk lokacin zaɓe. Duk da haka majalisa tana yi idan ta ga dama, a 2024 ta sa al'ummar Pahari ta Jammu da Kashmir cikin jerin. Idan Gowari na da gaskiya, 'yan majalisar da ke zuwa ajiye furanni a wurin tunawa da mamatansu a Nagpur su ne ya kamata su kai ƙudurin.

Abin da ya sa na damu

Wani zai ce ina ruwan Bahaushe da takardar Indiya. Duk wanda ya taɓa bin layi a sakatariyar ƙaramar hukuma yana neman takardar indijin don shiga jami'a ko aikin soja ya san wannan ciwo. Mu ma muna rabon gurabe bisa asali, mu ma jami'i ne ke cewa wane ɗan gari ne wane baƙo, kuma abin da ya faru a Jos a 2001 da 2008 yana da nasaba da wannan tambaya. Indiya ma tana da irin namu na ɗan jiha: tun 1990 Kotun Ƙoli ta ce wanda ke cikin jerin wata jiha ba ya ɗaukar gurbinsa zuwa wata jihar. Bambancin shi ne su an yi don ɗaga na ƙasa, kuma akwai kwamiti da kotun da za ka kai kuka. Iyakar kamar ke nan, ba zan ja ta fiye da haka ba.

Abin da nake ganin ya dace ba shi da wuya. A mayar da wa'adin wata biyun nan doka mai haƙora: idan kwamiti ya wuce lokaci ba tare da dalili ba, kada ɗalibi ya ɗauki hukuncin jinkirin, a sakar masa sakamakonsa. Idan an tantance uba ko ɗan'uwa na jini da bincike na gaskiya, kada a sake sa ɗa ya faro daga tushe. A raba mai jabu da wanda hukuma ta ruɗa: na farko a kore shi a hukunta shi, na biyu a bar masa aikinsa amma a mayar da shi layin kowa da kowa, shi da 'ya'yansa, a kuma buɗe gurbi ɗaya a ba ɗan ƙabila na ainihi. Sannan duk takardar da aka soke, a nemo wanda ya sa mata hannu a tambaye shi a kan me ya dogara.

Jiya na sake tambayar ƙanena labarin abokin nasa. Ya ce mahaifin yaron ya ɗauki hutu a wurin aiki ya tafi ƙauye, yana bin ofishin haraji ko za a dace da sunan kakan a tsohuwar rajistar gonaki ko ta haihuwa. Kamfanin da ya yi wa yaron alƙawarin aiki ya ba shi zuwa ƙarshen wata ya kawo takardar sakamako. Kwamitin kuma ya ɗage zamansa zuwa bayan Diwali, babban bikin mabiya addinin Hindu.